Zane A Bango: Ado Ne Ko Ɓarna?

Duk wanda ya taɓa renon yaro ya san ranar da yaron ya fara tsintar gawayi a murhu. Ba ya neman takarda, ba ya neman allo, bango yake nufa. Ya ja layi, ya yi da'ira, ya sa mata ƙafafu huɗu, ya ce doki ne. Uwar ta fito ta tarar ɗakin da aka shafe da farar ƙasa saboda salla ya yi baƙi, ta kai masa ranƙwashi. Yaro ya yi ta kuka don bai san laifinsa ba, gama shi a ganinsa doki ya yi, ita kuwa a ganinta ɗaki ya ɓata, kowannensu kuma yana da tasa gaskiya gwargwado. Wannan 'yar gardama ta cikin gida ita ce manyan biranen duniya ke yi har yau. Ta kai mutane gaban alƙalai, ta jawo tara da ɗauri, a wata ƙasa ma ta zama mafarin zub da jini.

Maganar ta fi shafar mutumin da ya koyi karatu da rubutu da girmansa. Kafin ya shiga aji, rubutun da ke jikin bango bai fi sawun kaji ba a idonsa, yakan wuce ba ruwansa. Yanzu kuwa ko bai so ba sai ya karanta, domin idon da ya san baƙi ba ya iya kauce masa. Littafi sai mutum ya buɗe, jarida sai ya saya, rediyo in ya gaji da shi ya kashe, amma bango yana nan tsaye a bakin hanya safe da yamma, yana magana da mai so da wanda ba ya so. Banda wannan kuma, hannun mai sabon ilmi ya sami wani iko wanda da ba shi da shi. Guntun alli na kwabo ya ishe shi ya yabi mutum ko ya tozarta shi a gaban gari duka. Saboda haka ya kamata ya san inda iyaka take tsakanin bayyana abin da ke cikin zuciya da ɓata abin wani.

Zane a bango ba baƙon abu ba ne

Tun kafin a san takarda ɗan Adam ke zane a jikin abin da ya tsaya a gabansa. A Birnin Kudu, cikin Jihar Jigawa, akwai duwatsu masu rumfa waɗanda mutanen da suka zana shanu a jikinsu da jan launi, shanun kuwa marasa tozo, ba irin waɗanda aka saba gani a garke yanzu ba. A cikin shekarun 1950 masu binciken kayan tarihi suka bayyana su ga duniya. A wani wuri da ake kira Dabus, arewa da Agadas a ƙasar Nijar, an sassaƙa raƙuman dawa biyu a kan dutse, babban ya fi mita 5 tsawo, tun shekaru dubbai da suka wuce, sa'ad da wurin yake da ruwa da ciyawa, hamada ba ta cinye shi ba. Sunayen masu aikin sun ɓace, aikin ya saura, yana shaida cewa sun ga abin da ya ba su sha'awa, suka ƙi bari ya wuce ba alama.

A ƙasar Hausa kuwa zanen bango sana'a ce mai daraja, tana hannun magina, waɗanda har sarauta gare su, watau Sarkin Magina. Magini yakan yaɓe bango, tun laka tana ɗanya ya fitar da zane da yatsunsa, ko kuwa ya ɗora ƙasa ya tayar da zanen ya yi tudu, sa'an nan a shafe da makuba ko laso don kada ruwan sama ya zaizaye shi. Muhammadu Durugu, wanda aka fi sani da Babban Gwani, shi ya gina Masallacin Juma'a na Zariya a zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarimu, wajen shekarar 1840, ya ƙawata cikinsa da irin wannan aiki. Masu hali a Zariya da Kano da Damagaram sukan sa a yi musu ado a fuskar zaure, a zana dagi da takobi da sauran siffofi na gargajiya. A tsakiyar ƙarni na 20, da zamani ya zo da sababbin abubuwa, sai aka fara ganin keke da mota a jikin gidajen Zariya. Mai gidan da ya sa aka zana masa keke bisa ƙofa magana yake yi da masu wucewa, yana gaya musu ya sami wadata, ya kuma san abin da duniya ke ciki.

Ba a taɓa jin wani ya kira wannan aiki ɓarna ba, dalili kuwa a fili yake. Mai gida shi ya kira magini, shi ya zaɓi abin da za a zana, shi ya biya lada. Abin da aka zana bai kunyata kowa ba. In kuma damina ta cinye shi, ko an gaji da shi, sai a sake yaɓe a yi wani. Haka nan akwai rubuce-rubucen da ake yi wa gidaje ba a nemi yardar masu su ba, ba kuwa wanda ke kai ƙara. Masu ƙidayar jama'a sukan rubuta lamba a bakin ƙofa, ma'aikatan riga-kafin shan inna sukan yi alama da alli don a san gidan da aka shiga da wanda ya saura. An haƙura da waɗannan domin amfaninsu yana komowa ga mutanen gidan, alli kuma ba ya daɗewa. Ashe ke nan taɓa bango shi kaɗai bai zama laifi ba, sai an duba wanda ya taɓa, da abin da ya bari a kai, da wanda abin zai dama.

Hujjoji biyu da ba su isa ba

Wasu sukan ce a duba kyan zanen kawai: in ya yi kyau ado ne, in ya yi muni ɓarna ce. Wannan magana tana da daɗin ji, amma ba ta raba gardama. A ɗauka a ce wani gwanin ɗinki ya ga farar rigar maƙwabcinsa a kan igiyar shanya, ya ɗauke ta ba sallama, ya kwana yana yi mata aikin aska takwas, da safe ya mayar. Ko da aikin ya fi na kowa kyau a garin, mai riga yana da ikon ya yi fushi, gama wataƙila farar riga yake so ba ado, wataƙila kuma ta aro ce zai mayar. Gwaninta ba ta mai da abin wani ya zama naka. Sa'an nan shi kansa kyau ba a taru a kansa ba, abincin wani gubar wani. Abin da saurayi ke gani gwanin sha'awa, dattijo yana iya ganinsa shirme. In aka ce kyau ne alƙali, sai a sake neman alƙalin da zai ce wane ne mai kyau.

Hujja ta biyu ta fi wannan ƙarfi, ita ce ta masu cewa shirmen yau shi ne tarihin gobe. Suna kafa misali da wani tsohon gari na Rumawa a ƙasar Italiya, sunansa Fomfe. A shekara ta 79 bayan haihuwar Annabi Isa wani dutse mai aman wuta da ke kusa da garin ya fashe, toka ta binne shi gaba ɗaya. Da aka tono shi bayan ƙarnoni masu yawa sai aka tarar da rubuce-rubuce fiye da 10,000 a jikin bangayensa. Wani ya rubuta sunansa, wani ya rubuta sunan budurwarsa, wani lissafin kuɗi, wani neman a zaɓi ɗan takararsa, wani kuwa zagi. Tun a lokacin ma akwai waɗanda yawan rubutun ya dame su, suka kuwa rubuta kukansu a jikin bangon. Masana suna darajanta waɗannan rubuce-rubuce ƙwarai, domin daga cikinsu aka san yadda talakan wancan zamani ke magana, abin da littattafan manya ba su kula da shi ba.

Duk wannan gaskiya ne, amma bai wanke mai rubutun ba. Tsohon kuɗin jabu ma in ya shekara dubu yakan sami wuri a gidan tarihi, wannan kuwa bai rage komai ba daga asarar wanda aka cuta da shi a kasuwa ran nan. Mutumin Fomfe da aka zaga a bango ya ji zafin zagin a zamaninsa, sha'awar da masana ke yi yanzu ba ta kai gare shi ba. Ba daidai ba ne mutum ya cuci maƙwabcinsa na yau da hujjar zai amfani wani baƙo da za a haifa bayan shekara dubu biyu.

Masu haƙƙi a kan bango

Hanyar da ta fi kai mutum ga gaskiya ita ce ya ƙirga waɗanda ke da haƙƙi a kan bango kafin ya ɗora masa hannu. Na farkonsu shi ne mai bangon. Shi ya kwaɓa ƙasa ko ya sayi bulo, shi ya biya magini, shi zai sayi fenti in an ɓata. Neman yardarsa kuwa ba wuya gare shi ba. Saurayi mai hannun zane yana iya zuwa zaure ya yi sallama, ya durƙusa ya ce, "Baba, katangar nan taka ta bakin hanya nake so in yi wa ado, ga abin da zan zana a takarda, ka duba." Dattijo ya ce, "To, ɗana, yi, amma ka cire wannan, ka bar wancan," ko kuwa ya ce a bar masa abinsa yadda yake. Ko wanne ya faɗa an rabu lafiya. Yawancin masu fitowa da gwangwanin fenti da tsakar dare sun riga sun san amsar da za a ba su da rana, shi ya sa suka zaɓi duhu.

Akwai kuskuren da ya yi yawa a zukatan mutane game da bangon makaranta da na asibiti da gada da tasha, watau ganin cewa tun da na gwamnati ne ba na kowa ba ne. Alhali kuwa abin da aka gina da kuɗin haraji masu shi sun fi na kowane gida yawa. Birnin Niyok na ƙasar Amurka ya ɗanɗana wannan. A cikin shekarun 1970 samari suka ɗauki al'adar fesa sunayensu da fenti a jikin jiragen ƙasa na cikin gari, ciki da waje, har wani lokaci fasinja ba ya iya leƙawa ta taga ya ga tashar da aka iso. A cikin masu yin haka akwai gwanaye na gaske, waɗanda daga baya aka riƙa sayen aikinsu da tsada. Duk da haka sai da hukuma ta shekara da shekaru tana wanka da gadi, ba ta janye jirgi na ƙarshe mai fenti daga aiki ba sai a 1989. Kuɗin wannan wahala daga aljihun masu biyan haraji da masu sayen tikiti ya fito, mafi yawansu ma'aikata ne masu neman abin kai wa bakin salati, ba wanda ya shawarce su.

Mai haƙƙi na biyu shi ne mai wucewa. Bango fuska biyu gare shi, ɗaya tana duban tsakar gida, ɗaya tana duban hanya. Ta ciki ta mai gida ce shi kaɗai, ta waje kuwa yana tarayya a cikinta da duk mai ido. Don haka yardar mai bango, ko da yake tilas ce, ba ta isa ita kaɗai ba. Mutum ba shi da ikon ya rubuta zagin maƙwabcinsa a katangarsa don wai shi ya gina ta, ko da bai ambaci suna ba, gama kowa ya yi zagi a kasuwa ya san da wanda yake. Habaicin da aka yi da baki iska takan tafi da shi, wanda bai zo wurin ba bai ji ba. Wanda aka rubuta kuwa yana nan yana maimaita kansa kullum. Saurayin da budurwa ta ƙi, ya je ya rubuta sunanta da ƙazafi a bangon lungu, cikin minti biyu ya gama aikinsa, amma yana iya ɓata mata aure, ya sa iyayenta su kasa ɗaga kai a unguwa shekara da shekaru. A nan asarar fenti ita ce ƙarama.

Cikin wannan sahu ne masu tallan maganin gargajiya suke, waɗanda ke rubuta kalmomin kunya da lambar waya a katangar bakin titi, yaro mai koyon haɗa baƙi ya tsaya ya karanta da ƙarfi a gaban ubansa. Haka 'yan siyasa masu liƙe hotunansu a kan alamun hanya da sunayen makarantu, a gama zaɓe su tafi su bar wa gari yage-yagen takardu. Har mai kyakkyawar niyya ma yana iya kuskure, kamar wanda zai rubuta aya ko sunan Allah a ƙasan bango, dab da kwata, inda ƙazanta ke fantsama.

Mai haƙƙi na uku ba ya nan balle ya yi magana, shi ne wanda ba a haifa ba tukuna. Akwai bangayen da mutanen zamani ɗaya ba su mallake su ba, amana ce aka bar musu su miƙa wa na baya. A 2013 aka ga sunan wani yaro ɗan yawon buɗe ido daga ƙasar Sin an ƙarce shi a kan wani tsohon sassaƙe a Luksor ta ƙasar Masar, cikin ginin da ya haura shekara 3,000. Labari ya bazu a ƙasarsu, mutane suka ji kunya, har iyayensa suka fito suka nemi gafara. A 2009 kuma aka fesa fenti a kan wasu daga cikin tsofaffin zane-zanen duwatsun Akakus, kusa da garin Gat a kudancin Libiya, garin da fataken Kano suka saba bi a kan hanyarsu ta zuwa Tarabulus. Wanda ya yi zane a kan zanen da ya riga shi bai ƙara magana a duniya ba, ya toshe bakin wani ne don a ji nasa. Hausawa da suka so kwatanta abin da ba ya gogewa sai suka ce hali zanen dutse. Daga nan ake samun wani ma'auni mai sauƙi: nauyin laifi yana bin wuyar gyara. Alli ruwa ɗaya ya ishe shi, fenti sai an kashe kuɗi, ƙusa a jikin tsohon dutse kuwa ba ta da magani.

Shi ma mai zanen, in ya shigo ta ƙofa, yana da nasa haƙƙi. A wata unguwa ta Niyok akwai wani tsohon ginin masana'anta wanda mai shi ya yarda masu zane su riƙa aiki a jikinsa tun daga shekarun 1990, har wurin ya yi suna, baƙi suna zuwa kallo daga ƙasashe. Da ya yi niyyar rushe shi ya gina gidajen haya, sai ya sa aka shafe zane-zanen da farin fenti cikin dare ɗaya a watan Nuwamba 2013. Masu zane suka kai ƙara. A 2018 alƙali ya yanke masa biyan dala miliyan 6 da dubu 750 ga mutum 21 saboda ayyuka 45 da ya hallaka. Alƙalin bai hana shi rushe gininsa ba. Laifin da aka kama shi da shi shi ne bai ba su sanarwar kwana 90 da dokar ƙasar ta tanada ba, don su kwashe abin da zai kwasu. Wanda ya ce wa mutum bismilla ya ɗauki nauyin mutunta guminsa.

Inda aka toshe bakin jama'a

Da a ce magana ta tsaya a nan, da sai a ce duk zanen da ba a nemi izini ba ɓarna ne, a rufe littafi. Amma akwai bangon da ba a iya neman yardar mai shi, domin shi kansa bangon zalunci ne. A 1961 gwamnatin Jamus ta Gabas ta gina katanga ta raba birnin Balin biyu, ta raba uwa da ɗa, ta sa sojoji su harbe mai ƙoƙarin tsallakawa. Mutanen ɓangaren yamma suka riƙa cika fuskar da ke dubansu da zane da rubutu na ƙin abin, fuskar gabas kuwa ta zauna fes, don ba mai iya kusantarta. Tsabtar wannan fuska ba alamar ladabi ba ce, tsoro ne ya share ta. Da aka buɗe katangar a watan Nuwamba 1989, sai aka bar wani yanki mai tsawon fiye da kilomita ɗaya, masu zane 118 daga ƙasashe 21 suka yi aiki a kansa a 1990, yana nan ana zuwa kallo.

Labarin garin Dar'a na ƙasar Siriya ya fi wannan ɗaci. A farkon 2011 wasu yara samari suka rubuta kalmomin ƙin gwamnati a bangon makaranta. Jami'an tsaro suka kama su, suka azabtar da su. Iyaye suka je roƙo aka wulakanta su. A watan Maris mutanen gari suka fito zanga-zanga, aka buɗe musu wuta, wutar ta kama sauran garuruwa, ta zama yaƙin da ya ci rayukan dubban ɗaruruwan mutane, gwamnatin kuwa ba ta faɗi ba sai a watan Disamba 2024. Bokitin fenti ɗaya ya isa ya shafe abin da yaran suka rubuta. Mahukuntan da suka mai da laifin bango laifin kai sun yi ɓarnar da ta fi ta yaran nesa ba kusa ba. Hukunci in ya zarce laifi ya zama sabon laifi.

Abin lura a nan shi ne, wannan uzuri ba rigar kowa ba ce. Mutanen Balin da yaran Dar'a sun rubuta kukan jama'a ne, sun nufi mai iko da maganarsu, sun kuma san abin da zai iya samunsu. Wanda ke da ikon zuwa wurin mai unguwa, ko ya rubuta wasiƙa zuwa jarida, ko ya buga waya gidan rediyo, ko ya jefa ƙuri'a, sa'an nan ya tafi ya fesa laƙabinsa a katangar wata gwauruwa, ba ya cikin wannan sahu ko kusa. Gaskiya ne wurin yana da santsi, domin kusan kowane mai fushi yana ganin kansa wanda aka zalunta, ba kuwa wata doka da za ta iya auna wannan tun kafin abin ya faru. Abin da ya rage wa mutum shi ne ya tuhumi zuciyarsa da gaske, ya duba ko wanda zai ɗauki asarar rubutun nan shi ne wanda ya yi zaluncin. In talaka ɗan'uwansa ne zai sayi fentin gyara, to, ya san fushinsa ya ɓata hanya.

Su ma shugabanni akwai abin da ya kamata su ɗauka. Ruwa ba ya tsami banza. In aka wayi gari bangayen gari sun cika da koke iri ɗaya, mai hankali yakan karanta kafin ya aika a shafe.

Magani

Hani shi kaɗai bai taɓa kashe sha'awar zane ba, domin a cikin jinin ɗan Adam take. Garuruwan da suka ci nasara su ne waɗanda suka haɗa hani da buɗe ƙofa. A birnin Filadalfiya na Amurka, a 1984, hukuma ta kafa ƙungiyar yaƙi da ɓata bango, sai ta jawo samarin da ke yin ɓarnar ta haɗa su da gwanayen zane, aka riƙa neman yardar masu gidaje da shawarar mutanen unguwa kafin a fara aiki. Daga wannan shiri aka sami manyan zane-zane fiye da 3,000 a birnin. A Dakar ta ƙasar Senegal kuwa, wajen 1990, samarin unguwanni ne da kansu suka tashi da wani yunƙuri da suka kira Set Setal, watau tsabta da tsabtacewa a harshen Wolof. Suka share tituna, suka yashe kwatoci, suka zana malamansu da jarumawansu da gargaɗin kiwon lafiya a jikin bangaye. Hannun da zai iya ɓata gari shi ne ya gyara shi, da aka ba shi aikin yi a gaban idon manya.

Irin wannan ba ya bukatar kuɗi mai yawa. Mai unguwa da dattawa suna iya keɓe katanga ɗaya, ta filin ƙwallo ko ta bayan kasuwa, su ce nan ne wurin masu zane, a sake shafe ta duk shekara don wasu su sami fili. Shugaban makaranta yana iya ba ɗalibai bango guda su zana taswirar ƙasa ko sassan jikin mutum. Mai shago da ke neman a zana masa kayan sayarwarsa yana iya kiran yaron unguwa ya biya shi, yaron ya gane hannunsa sana'a ce. Wanda kuma aka kama ya ɓata bangon wani, hukuncin da ya fi dacewa da shi shi ne a ba shi buroshi ya gyara da hannunsa da rana tsaka, ya nemi gafarar mai gida, gama wannan ya fi bulala koya masa darajar gumin mutane. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Mai karatu da ya fito daga ajin manya da takardar shaida a hannu ya shiga cikin waɗanda rubutunsu ke iya amfani, yana kuma iya cutarwa. Kafin ya ɗora alli ko fenti a kan bangon da ba nasa ba, ya dace ya san ko mai bangon ya yarda, ko abin da zai rubuta yaro zai iya karanta shi a gaban ubansa, ko kuma akwai wani abu a wurin da ya riga shi wanda ba a iya mayarwa. In zai iya yin aikin da rana, mutane suna wucewa suna yi masa sannu da aiki, ya gama ya sa sunansa a ƙasa ba fargaba, to, ya bi sawun magina na da, garinsa kuma zai gode masa. In kuwa sai ya jira dare ya raba, alhali ba azzalumin da ya hana shi magana, gara ya mai da allinsa aljihu ya nemi takarda. Allah ya sa ilmin da aka samu ya zama na gyara.